Sau Uku Na Kira Godwin

Nukkai, Jalingo
14 ga Mayu, 2023

Zuwa ga Yayana Tobiya,

Gaisuwa mai yawa a cikin sunan Ubangijinmu. Ina fata kana lafiya, kai da Anti Joan da yara, da aikin makaranta. Yaya sanyin Gembu? Mu nan ruwa ya fara sauka, zafi ya ɗan sassauta. Buhun dankalin da ka aiko ya iso, direban ya kawo mini har shago a kasuwa. Shi zan ba wannan takarda, tunda wayarka sai ka hau tudu take kamawa, kuma ba a gama magana take yankewa.

Ka tambayi jikin Baba. Abinci dai yana ci, ƙafarsa ma da ƙarfi. Mantuwar ce ke ƙaruwa. Yanzu da wuya ya kira ni Miriam, sai Alisabatu, sunan marigayiya Mama. Da farko ina gyara masa, yanzu na daina, amsawa kawai nake yi. Ya kuma samu wata sabuwar ɗabi'a. Da safe sai ya je ya tsaya a dokin ƙofar falo, ƙafa ɗaya ciki ɗaya waje, ya fi awa a haka. In na ce ya shigo ya zauna, sai ya ce fasinja yake jira. A ransa har yanzu yana Lau da kwalekwalensa, yana fiton mutane a Binuwai kamar lokacin da muke yara.

Mijina Godwin yana gaishe ka. Ka san da bidiyon biki da suna da taron coci muke ci, amma zuciyarsa ba a nan take ba. Tana wajen waɗannan gajerun fina-finai nasa da ba su da labari. Na bara, minti tara ne cur na mutane zaune a tasha suna jiran mota ta cika. Ba mai magana, ba faɗa, ba soyayya. Da na kalla na tambaye shi yaushe fim ɗin zai fara, ya ce ai ya ƙare. Mun sha dariya ranar.

To yanzu Baba yake so ya ɗauka. Ya zaunar da ni ya yi mini bayani: wai abin da ke jan hankalinsa shi ne mutumin da ya bar wani wuri amma bai isa wani ba, kamar mai tsallaka ruwa da ke tsakiyar kogi. Ya ce Baba ya yi shekara arba'in yana kai mutane daga gaɓa zuwa gaɓa, ga shi yau shi kansa yana tsakani. Yaya, maganar ta taɓa ni. Ban taɓa jin wani ya faɗi ciwon Baba ba tare da ya mai da shi abin tausayi ba.

Na yarda, amma da sharaɗi. Na ce ya ɗauki hannuwansa, da tsayuwarsa a ƙofa, da waƙar tuƙi da yake yi da yarenmu. Ban da wanka, ban da bayan gida, ban da lokacin da ransa ya ɓaci. Godwin ya ɗora hannu a kan Littafi Mai Tsarki, ba ni na sa shi ba, ya ce Baba ubansa ne shi ma. Ina fata ba za ka ga laifina ba da ban jira izininka ba.

Ka gaishe da Anti Joan, ka shafa mini kan yara.

Ni ce ƙanwarka,
Miriam


Nukkai, Jalingo
20 ga Agusta, 2023

Zuwa ga Yayana Tobiya,

Bayan gaisuwa da fatan kuna lafiya. Takardarka ta same ni, na gode da ka amince da zancen fim ɗin. Ka yi haƙuri da jinkirin amsa.

Jikin Baba ya sauka sosai. Ba ya riƙe fitsari yanzu, wani lokaci har da bayan gida. Ina wanke zanen gado sau biyu, sau uku a yini, ga damina, ba ya bushewa. Shago kuwa sai in yi kwana huɗu ban leƙa ba. Maƙwabciyata a kasuwa, Hajiya Balaraba, ita ke buɗe mini tana sayar da atamfofin tare da nata. Allah ya saka wa matar nan.

Wani lokaci ba ya gane ni ko a matsayin Mama. Sai ya ce ni ɓarauniya ce, na sace masa filafilin tuƙi. Ranar Talatar da ta wuce mun sha wuya ni da shi. Godwin ya fita tun safe ɗaukar wani taro a unguwar Magami, ni kaɗai ce a gida. Ba zan cika maka takarda da bayani ba. Mun dai wuce ranar, na roƙi Allah gafara a kan gajen haƙurina.

Godwin yana ƙoƙari, ba zan ɓoye ba. Shi ke yi wa Baba aski, shi ke karɓo magani. Ranar Asabar ya ɗauki hayar mota ya kai mu bakin ruwa a Lau don ya ɗauki hoto. Da Baba ya ga kogin sai ya ƙura masa ido. Aka zaunar da shi cikin wani kwalekwale da ke ɗaure a gaɓa, aka ba shi filafili. Yaya, da ka ga hannuwansa. Mutumin da ba ya iya kai cokali baki, sai ga shi yana tuƙi daidai, yana waƙar nan da yake mana in za mu je kasuwar tsallake. Kwalekwalen bai motsa ba ko taku ɗaya, amma shi ya yi tafiyarsa. Na koma bayan mota na yi kukana. Godwin ya ce ya samu abin da yake nema, ɗauka ta ƙare, saura haɗawa a kwamfuta.

In da hali ka zo kafin hutun Kirsimeti. Ba na son in tsorata ka, amma ka zo.

Ni ce ƙanwarka,
Miriam


Nukkai, Jalingo
26 ga Nuwamba, 2023

Zuwa ga Yayana Tobiya,

Gaisuwa da fatan alheri. Ina fata kun isa gida lafiya bayan jana'izar Baba, yaya gajiyar hanya, yaya ƙarin haƙurinmu? Gidan ya yi mini girma. Har yanzu in na fito da safe sai in kauce a ƙofar falo kamar akwai mutum tsaye.

Ga labari mai daɗi a tsakiyar baƙin ciki. Fim ɗin Baba ya shiga wata gasar gajerun fina-finai a Legas, kuma ya zo na ɗaya. Godwin ya je ya karɓo lambar yabo, wani gilashi mai nauyi, yana nan kan talabijin. Ya ce mutane sun yi kuka a zauren. Daga can wasu Turawa suka nemi su nuna shi a ƙasarsu. Ka ji fa, Baba Job mai fito, wanda bai taɓa wuce Yola ba.

Ni ban gani ba tukuna. Na roƙi Godwin ya nuna mini a kwamfuta, ya ce a'a, ba zai ɓata mini kallon farko a ƙaramin allo ba. Yana shirya majigi a nan Jalingo cikin watan Maris, a zauren wani otal, za a gayyaci 'yan coci da dangi da abokan arziki. Ya ce wannan shi ne tunawa da Baba na gaskiya. Na riga na ware atamfar da za mu yi anko ni da Anti Joan. Don Allah ku sa rana.

Ni ce ƙanwarka,
Miriam


Turaki, Jalingo
12 ga Maris, 2024

Zuwa ga Yayana Tobiya,

Ina gaishe ka, ina gaishe da Anti Joan da yara, da fatan kuna lafiya. Ka ga adireshin da ke sama ya canja. Ina gidan Hajiya Balaraba yau kwana uku. Lafiyata ƙalau, kada hankalinka ya tashi. Ka karanta har ƙarshe kafin ka yanke mini hukunci.

Na ji haushi da ka ce jarrabawar ɗalibai ta hana ku zuwa. Yanzu kuwa godiya nake yi wa Allah da ba ka zauren.

An yi majigin ranar Asabar da la'asar. Zauren ya cika. Fasto na nan da matarsa, matan zumunta sun zo da ankonsu, 'yan layinmu na kasuwa sun rufe shaguna sun zo. Aka zaunar da ni a gaba kusa da Godwin. Fim ɗin minti goma sha huɗu ne, baƙi da fari. Ya fara da ƙarar ruwa, allo baƙi ƙirin. Sai ƙafafun Baba a dokin ƙofa. Sai hannuwansa. Sai kwalekwale ba kowa ciki. Ana tafiya a hankali, ana komawa ƙofa, ana dawowa kogi, har ka rasa ko yana gida ne ko yana kan ruwa. Na kama hannun Godwin na matse. Na ce a raina mutumin nan ya san abin da yake yi.

Sai na ga tsakar gidanmu, da bokitin wanka, da ni.

Yaya, a watan Agusta na rubuta maka cewa wata Talata mun sha wuya. Ga abin da ban faɗa ba. Ranar Baba ya ɓata jikinsa sau uku kafin azahar. Na uku a bakin ƙofa ne, ya zame a kai ya faɗi. Na yi ta ƙoƙarin ɗaga shi na kasa. Ya kama gashina ya ja, yana kirana ɓarauniya, ya cije ni a hannu har jini. Na tuɓe masa wando a nan ƙasa ina watsa masa ruwa, yana ta shure-shure. Sai na mare shi a kafaɗa, sau biyu, da ƙarfi. Na ce, "Baba, ka gajiyar da ni. In za ka tafi ka tafi." Ya sake ni, ya kalle ni kamar yaro. Na zauna cikin ƙazantar na rungume shi.

Wata bakwai ina ɗauke da wannan ni kaɗai. Ko a gaban akwatin gawarsa shi nake gani. Ban faɗa wa Fasto ba, ban faɗa wa mijina ba, ban faɗa maka ba. To shi aka haska a bango, girmansa ya fi mutum. Tsiraicin ubanmu, da marin, da maganar. An ma rage gudun hoton a daidai wurin marin, hannuna yana sauka a hankali. An rubuta fassarar maganata da Turanci a ƙasa don kada Turawa su rasa.

Na ji wata a bayana ta ce, "Yesu." Ban san yadda fim ɗin ya ƙare ba. Da aka kunna fitila wasu suka fara tafi, wasu suka sunkuyar da kai. Matar Fasto ta kalle ni ta kau da ido. Hajiya Balaraba ce ta taso daga baya, ta yafa mini mayafinta, ta riƙe hannuna muka fita ta tsakiyar mutane, ta tsayar da Keke.

A hanya ne abin ya faɗo mini. Daga ina aka ɗauki hoton? Daga tagar ɗakinmu ne, ana ma ganin gefen labule. Ke nan akwai mutum a ɗakin. Ni kuwa na san Godwin yana Magami ranar.

Washegari bayan an tashi daga coci, wanda ban je ba, na koma Nukkai. Na same shi zaune a falo. Ya fara magana na ce ya dakata, ba bayani na zo ji ba, ya buɗe mini asalin abin da ya ɗauka, wanda bai yanke ba. Ya yi ta kewaye-kewaye. Na ce in bai buɗe ba zan ɗauki kwamfutar in jefa a rijiya. Ya buɗe, ya sa mini abin kunne.

Minti goma sha ɗaya ne. Ashe an ɗage taron Magami, ya dawo da wuri ya shiga ta ƙofar baya ina wajen wanki. Yana ɗaki lokacin da Baba ya faɗi. A cikin asalin hoton ana jin muryata ina kiran sunansa. Ni na ma manta na kira. Na san ba ya nan, amma bakina ya kira, don ba ni da wani sunan da zan kira. Sau uku. A fim ɗin ya cire wannan ya sa ƙarar ruwa. Kuma a abin kunnen ana jin numfashinsa, kusa, a hankali, yana riƙe shi don kada kamara ta girgiza. Taku shida ne daga tagar zuwa inda muke kwance.

Na cire abin kunnen na ajiye. Ya ce in ba wannan wurin fim ɗin hoton kalanda ne kawai. Ya ce a Legas mata sun zo suna gode masa, masu jinyar iyayensu, sun ce ba a taɓa nuna gaskiyarsu ba sai ranar. Ya ce bai nuna ni a matsayin muguwa ba, ai ya bar wurin da na rungume Baba. Ya ce da ya tambaye ni da na hana. Wannan dai gaskiya ya faɗa.

Na haɗa kayana a jaka biyu na fito. Bai tare ni ba.

Yaya, ba don in kai ƙarar miji kaɗai na rubuto ba. Fim ɗin zai hau intanet ko ba jima, wani zai nuna maka a waya. Gara ka ji daga bakina. Na mari ubanmu, na ce masa ya tafi, bayan wata uku ya tafi. Kai ka bar mini shi amana. Duk abin da ka ga ya dace ka faɗa mini, zan ɗauka.

Ni ce ƙanwarka,
Miriam


Turaki, Jalingo
21 ga Afrilu, 2024

Zuwa ga Yayana Tobiya,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kuna lafiya kai da iyali. Takardarka ta iso ranar Alhamis. A shago na buɗe ta, dole na shige bayan atamfofi na zauna. Ka ce ba ka da bakin yafe mini, don kai kana kan dutse kana aiko da dankali ni ina wanke kashi. Kada ka ƙara faɗin haka. Amma na gode, Yaya. Ranar ce na fara cin abinci na ƙoshi.

Na koma kasuwa. Mako na farko mutane suna zuwa taya atamfa, ba saye ya kawo su ba, fuskata suke son gani. Yanzu ya ragu. Wata mata da ban sani ba ta zo ta tsaya har masu ciniki suka watse, ta ce tana zauren ranar, ita ma ta taɓa yi wa uwarta haka, ba ta taɓa faɗa wa kowa ba. Ta riƙe hannuna tana hawaye. Na san in Godwin ya ji zai ce ka gani. Na tausaya mata ƙwarai. Amma ita ta zaɓi ranar da za ta faɗa da wanda za ta faɗa wa, ni ba a bar mini wannan ba.

Fasto da dattawan coci sun zaunar da mu sau biyu. Sun yi wa Godwin faɗa a kan tsiraicin Baba, suka ce ya cire wurin, ni kuma in koma ɗakina. A ganinsu magana ta ƙare ke nan. Ba wanda ya tsaya a kan abin da ya fi ci mini rai, ni ma na kasa faɗinsa a gaban maza bakwai.

Shekaranjiya Godwin ya zo nan gidan. Hajiya ta shimfiɗa mana tabarma a zaure ta ba mu wuri. Ya rame, gemu ya cika masa fuska. Ya ce ya rubuta wa mutanen Legas da Turawan ya janye fim ɗin, ba zai sa shi a intanet ba, duk da waɗanda suka ɗauka da waya a zauren ba shi da iko da su. Ya ce in na so zai goge komai a gabana. Na san abin da fim ɗin yake a wurinsa, na san ba ƙaramin abu ya ajiye ba. Shekara takwas muna tare, Yaya, ban daina son mutumin nan a rana ɗaya ba.

Na ce masa tambaya ɗaya gare ni, kuma in ya yi mini ƙarya zan gane. Na ce lokacin da na kira sunansa na uku, me ke cikin ransa? Na sa rai zai ce tsoro ya ji, ko jikinsa ne ya mutu, ko ya yi niyyar fitowa ya kasa. Da ya faɗi ɗaya daga ciki, ina jin da na bi shi gida a ranar.

Ya kalli tabarma. Sannan ya ce, "Hadari ne ya taso. Ina ta addu'a kada hasken rana ya tafi kafin ki gama."

Na gode masa da bai yi mini ƙarya ba. Na ce kada ya goge fim ɗin, ya cire wurin kawai ya aiko maka da sauran, don ka ga Baba yana tuƙi. Na raka shi bakin ƙofa, na dawo ciki.

Na samu ɗaki ɗaya da falo a nan Turaki, bayan gidan Hajiya, zan tare farkon wata. Dattawa za su rubuto maka ka sa baki a matsayinka na babba. Ina roƙonka kada ka sa. In ka samu hutu ka zo mu je Lau mu gyara kabarin Baba kafin ruwa ya yi ƙarfi.

Ka gaishe da Anti Joan da yara. Allah ya tsare ku.

Ni ce ƙanwarka,
Miriam